Yawon wankan tsarki na Bali: wurin ya yi kyau, amma masu saida tikitin ba su faɗi komi ba

In tauraro biyat ake badawa to uku zan ba wannan yawon, kuma ukun ma albarkacin wurin ne da gid ɗin da ya raka mu, ba don kamfanin da ya saida muna tikitin ba. Su kam ko ɗaya ba su ci ba. Ina rubuta wannan ne don ƴan uwanmu na Maradi masu zuwa Jakarta, babban birnin Indunusiya, sarin kaya, don na lura yanzu kowa in ya gama da kasuwar Tanah Abang yana jiran a loda mishi kontena sai ya ce bari ya leƙa Bali ya huta, tunda jirgi bai wuce awa biyu ba daga can. Haka mu ma muka yi ni da wani Alhaji abokin kasuwancin babana.

Abu na farko da ya kamata ka sani, Indunusiya ƙasar Musulmi ce, babu ƙasar da ta kai ta yawan Musulmi in ka cire Pakistan da suke kankankan, amma shi tsibirin Bali daban yake, mafi yawan mutanensa ƴan addinin Hindu ne kuma ba Hindu na suna ba, da gaske suke yi. Tun daga filin jirgin Ngurah Rai za ka fara ganin ƴan ƙananan faifai na ganyen kwakwa an zuba furanni da ɗan turaren tsinke an aje a ƙasa bakin kowane shago, canang sari suke ce musu, ka kula kar ka taka. Akwai kuma harajin baƙi rupiya 150,000 da suka sa tun Fabrairun 2024, wajen jika biyat da wani abu kenan a kuɗɗinmu.

A otel ɗinmu na garin Ubud muka ga takardar tallan yawon, da ingilishi da faransanci, hoton wata mace ta rufe ido ruwa na zuba mata a kai. An rubuta zaman natsuwa da safe, wankan kawar da gajiya da damuwa, abincin rana, mota ta ɗauke ka ta maido ka. Ko kalma ɗaya ta addini babu a ciki, wallahi in ka karanta sai ka ɗauka wurin gyaran jiki ne. Mun biya kusan jika talatin talatin, har da ƙarin da suka ɗora saboda mun ce gid mai jin faransanci muke so.

Zaman safen dai ba ni da ta cewa. Bayan mun yi asuba mota ta zo, aka kai mu wata rumfa marar bango a saman gonakin shinkafa, kowa da tabarmarsa da ɗan matashi. Malamin wani dattijo ne siriri, ya ce a zamna a miƙe baya, a ja numfashi ta hanci a hankali ana ƙirgawa, a riƙe kaɗan, a sake shi a hankali fiye da yadda aka ja, in tunani ya zo kar a yi kokawa da shi a dawo kan numfashin kawai. Da farko dariya ta so kama ni, Alhaji ma sai gyaran murya yake yana duba agogo. Amma fa abin yana aiki. Ni da kaina cike yake da lissafin duwan da kuɗin mota, don tun da aka rufe iyakar Benin a 2023 kayanmu ta Lome suke zagayowa kowa ya san wahalar, sai ga shi na zamna kusan rabin awa ban tuna kontena ba, ina jin kukan kwaɗi da ƙarar ruwa a cikin ƴan magudanun gona da zakaru can ƙasa. Daga ƙarshe ne malamin ya haɗa tafukan hannu a ƙirji ya fara jan “Om”, kalmar ibadar ƴan Hindu, sauran suna amsawa, mu sai muka yi shiru, na ci gaba da istigfari a zuciyata, kuma babu wanda ya kalle mu balle ya ce don mi.

Daga nan sai Tirta Empul, a garin Tampaksiring, kamar rabin awa daga Ubud in hanya ba ta cushe ba. To nan ne maganar take. Wurin ba gidan wanka ba ne, haikalin ibada ne, tsoho ƙwarai, tun wajen shekara ta 962 aka kafa shi zamanin sarakunan gidan Warmadewa. A bisa tudun da ke kallonsa akwai fadar shugaban ƙasa da aka gina zamanin Sukarno, shugaban Indunusiya na farko, kuma gid ɗin bai bari mun wuce ba sai da ya gaya muna Obama ma ya zo nan da iyalinsa a 2017.

Abin da ya fi tsaya mani a rai shi ne idon ruwan kansa. Can ciki yake, an kewaye shi da katanga, ba a shiga. Ka leƙa ka ga ruwa garai-garai har ƙasa, baƙin yashi yana ta tsalle yana murɗawa daga ƙarƙashi wuri wuri, ciyayi kore shar suna kaɗawa a hankali, ba famfo ba inji, dare da rana haka yake ɓuɓɓugowa sama da shekara dubu. Na daɗe tsaye wurin ina cewa Subhanallah. A wajensu labarin shi ne wani mugun sarki Mayadenawa ya sa guba a ruwa ya halaka rundunar abin bautarsu Indra, shi kuma ya soki ƙasa wannan ruwan ya fito ya tashe su. Ruwan yana gangarawa kogin Pakerisan ya shayar da gonaki ta hanyar tsarin rabon ruwansu na gargajiya, subak, wanda UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 2012. Manoma ne da kansu ke zama su tsara wa zai sha yau wa zai sha gobe, kuma haikalin na cikin tsarin. Wannan kaɗai ya isa a je a gani.

Shi wankan, melukat, ga yadda yake. Za a ba ka koren zane da jan ɗamara ka canza, ka sa kayanka a akwatin haya ka kulle. Sai a ba ka ɗan faifan furannin nan da turare ka zamna ka yi roƙo ka faɗi buƙatarka. Sannan ka shiga tafkin, ruwan ya kai ƙugu, ga bututun dutse a jere ruwa na zubowa, ka fara daga hagu kana bin su ɗaya bayan ɗaya, kowane ka haɗa hannu ka yi roƙo, ka wanke fuska sau uku, ka kurkure baki, ka sa kai a ƙarƙashi. Akwai guda biyu da ake tsallakewa don na hidimar mamata ne. In an fito an sake kaya sai a je gaban limaminsu mai fararen kaya, pemangku, yana kaɗa ƴar ƙararrawa, ya yayyafa maka ruwa, a manna maka ƙwayar shinkafa a goshi, wani lokaci a ɗaura maka zare mai launi uku ja da fari da baƙi a hannu, kowane launi na ɗaya daga manyan abin bautarsu uku.

Alhaji ya saurara har ƙarshe sannan ya ce in tambayi gid ɗin, shi roƙon nan wa ake roƙa. Yaron bai yi kwana-kwana ba, ya ce ubangijinsu da kuma abin bautar ruwan, ya ce ibada ce, shi ma nan yake zuwa da mahaifiyarsa in wata ya cika. Alhaji ya juyo ya ce mani “To ɗana, ka ji. Kuɗɗinmu sun tahi amma ba mu shiga.” Na ce “Haka ne Baba.” Gid ɗin ya ce ba komi, Musulmi da yawa daga tsibirin Jawa, inda Jakarta take, suna zuwa su kalla su yi hoto su tahi, ya samo muna inuwa a gefe inda ake ganin komi, ya ci gaba da yi muna bayani kamar ba abin da ya faru. Don wannan gaskiyar tasa na ƙara tauraro guda.

Haushina a kan kamfanin yake. Kamar ka ɗauko baƙo daga Turai ka kai shi inda ake girka ka ce mishi ai wasan motsa jiki ne da kiɗa. Ba mu kaɗai suka cuta ba, har su mutanen Balin. Na ga wata tsohuwa da jikokinta cikin farar riga, da kwandon hadayarta a kai, tana tsaye cikin ruwan sanyin nan tana jira, gabanta wasu samari turawa biyu sun tare bututu ɗaya suna ta sake hoto don na farko bai yi ba. Ba ta ce uffan ba. Da an gaya musu tun daga otel cewa wurin sallar mutane za su, ina jin da ba su yi haka ba, ko dai da sun rage.

Don adalci, waɗanda suka shiga daga cikin ƴan motarmu sun yaba. Wata mata ƴar Faransa ta fito tana rawar sanyi leɓenta har ya canza launi, tana kuka tana dariya, ta ce ji take kamar an sauke mata kaya. Mijinta kuma cewa ya yi shi dai sanyi ya ji da santsin duwatsu, da kifayen da ke goga mishi ƙafa. Sun yi fiye da awa guda a layi don lokacin rana ta ɗaga motocin ƴan yawo sun cika wurin.

Da muka kira kamfanin muka ce a maido muna ko kuɗin wankan tunda ba mu yi ba, sai wata ta ce tikitin dunƙule yake ba a rabawa. Bayan haka kuma direba ya tsaya da mu a wata gonar kofi da babu ita a takarda, inda ake saida kofin luwak, wanda wata dabba mai kama da tunku ke haɗiye ƴaƴan ta kasayar sannan a wanke a soya, da tsada kamar me. Alhaji ya ce ko kyauta ne ya gode. Abincin ranan ma da na leƙa kicin ɗin na ga naman alade a gefe, don a Bali gasasshen alade babban abinci ne, babi guling, sai muka ce a'a. Nan ma gid ɗin ne ya cece mu, ya kai mu wani ɗan gidan abinci na Musulmi ƴan garin Padang, shinkafa da naman rendang da yaji mai kyau, a bayan shagon akwai ɗan ɗakin salla muka haɗa azahar da la'asar. Daga aljihunmu muka biya.

Shawarata in ka je, kar ka sayi dunƙulallen tikitin nan. Ka ɗauki direba na yini, ka biya kuɗin ƙofa da kanka, za su ba ka zanen ɗaurawa don ba a shiga haikali da gajeren wando ko kafaɗa a waje, ka nemi gid a nan bakin ƙofa ka gaya mishi tun farko kallo ka zo. Ka isa da wuri kafin ƙarfe tara. Masu tahiya da iyali, mace mai haila ba ta shiga, an rubuta a allo kuma da gaske suke. Ka duba kalanda kar tahiyarka ta faɗa ranar Nyepi, sabuwar shekararsu da ke zuwa wajen watan Maris, ranar tsibirin gaba ɗaya tsit yake, ba mota ba fita daga otel, har filin jirgi rufe shi ake awa 24. Zaman numfashin kuma in kana so ana samunsa shi kaɗai a Ubud da arha, ka dai tambaya ko akwai waƙar ibada a ciki.

Hanyar fita daga haikalin ta cikin kasuwar tsaraba aka bi da ita, lungu bayan lungu ba yadda za ka kauce. Wata ta sa mani zanen batik rupiya 300,000, na taya 60,000, ta dafe ƙirji ta ce zan kashe ta, na juya na yi taku uku ta kira ni. A 80,000 muka rabu, Alhaji ya ce na yi sakaci da na ƙara taku biyu da ta bari a saba'in.