Tsayar da lokaci ko rage masa gudu?

A ƙagaggun labarai, jarumin da ke son ceto wani abu daga lalacewa yakan sami iko iri biyu: ya tsayar da lokaci cak, ko ya rage masa gudu.

Tsayarwar ta fi burgewa. Fure ba zai yi yaushi ba, fuska ba za ta tsufa ba. Amma wa zai gani? Haske ma ya tsaya bai iso ido ba, iska ta sandare, babu sauti balle ƙamshi.

Rage gudun kuwa yana da tushe: tun 1905 masanin kimiyya Einstein ya nuna cewa agogon da ke tafiya da matsanancin gudu yakan yi jinkiri. Ruɓewa na nan tafe, sannu a hankali. Ni wannan na fi so, domin jarumin na da abin da zai rasa.