Yawon kwana uku a duwatsun hamada: ina za ka, kuma wa zai kai ka?

Mai hutun kwana uku ko huɗu da ransa ya biya da ganin duwatsun hamada yakan fara da tambayar wace ƙasa zai je. Ni ma da haka na fara. Yanzu in aka nemi shawarata, nakan ce a fara sanin wanda zai riƙe sitiyari da wanda ya san hanya. Dutse yana nan inda Allah ya ajiye shi. Abin da kuɗinka ke saya maka shi ne mutumin da zai kai ka, da lokacinsa, da lafiyar motarsa.

Zaɓina, ba na ɓoyewa, Janet ne, garin dabino da ke kudu maso gabashin Aljeriya, a gindin tsaunin Tasili n'Ajjar. Hukumar UNESCO ta sanya yankin cikin wuraren tarihi na duniya tun 1982. Faɗinsa ya kai kusan murabba'in kilomita 72,000, kuma zane-zane da sassaƙe-sassaƙen da mutanen dauri suka bari a jikin duwatsunsa sun haura 15,000: shanu, raƙuman dawa, giwaye, makiyaya, mafarauta, duk daga zamanin da wurin ke da ciyawa da ruwa. Abin da ya sa ya dace da gajeriyar tafiya shi ne ba ka ɓata kwana a hanya. Ka sauka daga jirgi, washegari da hantsi kana tsakanin duwatsun Tikubawin, waɗanda iska da yashi suka sassaƙe har wasu suka zama kamar ƙofofin gari, wasu kamar giwa a tsaye. Da yamma kana kan tuddan rairayin Admer.

Akwai wani dutse ba nisa da gari, a Tegargart, inda aka sassaƙa shanu masu dogayen ƙaho, kawunansu a sunkuye kamar za su sha ruwa, ga ɗigon hawaye a ƙarƙashin ido. Sau biyu na tsaya gabansa. Da tsakar rana, hasken ya daki dutsen kai tsaye, layukan suka baje, sai da na matsa kusa na gane hancin saniyar. Da la'asar sakaliya kuwa, rana ta karkata, inuwa ta shiga kowane tsagi, sai ga idon da hawayen sun fito ƙarara, har da lanƙwasar ƙahon. Jagorana ne ya ce mu koma a wannan lokacin, ya zauna can gefe ya bar ni kusan awa guda. Wannan awa ita ce bambancin tafiyar da aka keɓe maka da ta ayari.

In kana da kwana huɗu, ka nemi Tadrart, kudu maso gabas da Janet wajen iyakar Libiya, inda jan yashi ke kwanciya tsakanin baƙaƙen duwatsu, a kwana a gindin tudun Tin Merzuga. Shahararrun zane-zanen Sefar da Jabbaren kuma a saman tsaunin Tasili suke, kuma mota ba ta hawa can. Da ƙafa ake hawa, jakuna na ɗauke da kaya, tafiyar kwanaki ce. A can saman, a wani wuri mai suna Tamrit, ake samun wasu irin tsofaffin itatuwa waɗanda suka rage a daji ba su kai 250 ba, wasunsu an kiyasta sun haura shekara 2,000. Duk wanda ya yi maka alkawarin Sefar a wuni ɗaya cikin mota, ko bai san wurin ba, ko wani dutsen zai nuna maka ya sa masa suna. Shi kansa Bafaranshe Henri Lhote, wanda ya shahara da waɗannan zane-zanen bayan aikinsa na 1956 zuwa 1957, wani Ba'abzine mai suna Jibrin ne ya riƙa nuna masa inda suke. Har yau haka abin yake: hukuma ba ta barin baƙo ya shiga yankin sai da jagora, ta hannun kamfani mai lasisi. Ni wannan doka tana cikin abin da ya sa na fi son wurin, don tana rage masu cin kasuwar bayan fage.

Sauran wuraren fa? Wadi Rum na ƙasar Jodan ya fi kowanne sauƙin kaiwa, tafiyar kamar awa guda daga Akaba, kuma ga mai wuni ɗaya tal ba laifi, sai dai sansanonin baƙi sun yi yawa, motoci na bin juna zuwa wurare iri ɗaya. In dole can za ka, ka ce a kai ka Ummud Dami, tsauni mafi tsawo a ƙasar mai mita 1,854, inda jama'a ke raguwa. Asekrem a duwatsun Hoggar na kudancin Aljeriya, kimanin kilomita 80 daga Tamanrasat, fitowar rana ɗaya ce mai ban mamaki, amma hanyar duwatsu ce mai jijjiga ƙashi zuwa da dawowa. Enedi na Cadi kyawunsa ba a magana, amma kafin ka isa daga Injamena hutunka ya ƙare a mota. Duwatsun Azbin a Nijar sai lamarin tsaro ya daidaita.

A kan abin hawa ba zan ja zance ba. Raƙumi na da daɗi na awa biyu, amma ba ya cin nisa, wanda bai saba ba kuma ƙugunsa zai gaya masa. Tafiyar ƙafa ta fi kowace kusanta ka da wuri, sai dai tana son mako. Ga gajeren hutu, mota mai jan ƙafa huɗu, a riƙa sauka ana takawa safe da yamma.

A nan ne aka taɓa cutata, kuma tun daga ranar ma'aunina ya sauya. A wata tafiya ta farko, a wata hamadar daban, na biya wani kamfani kuɗin tafiya ta ni kaɗai da abokina. Da safe motar ta iso da wasu mutum huɗu a ciki, aka ce ai hanyarmu ɗaya. Wanda muka yi ciniki da shi ta waya, mai zaƙin baki, ashe dillali ne, ko ƙeyarsa ba mu gani ba. Direban yaro ne mai ladabi, amma bai san sunan dutse ko ɗaya ba. A rana ta biyu wani tsini ya yanke tayar baya. Da aka sauko da safaya, sai ga ta a sace, famfo kuma babu. Muka raɓe a inuwar wani dutse, inuwar na matsawa muna bin ta, ruwan da ya rage jarka ɗaya ce ba ta cika ba, mu bakwai. Wayar kowa babu sabis. Ina tuna yadda wata dattijuwa cikinmu ta riƙa jiƙa gefen mayafinta da murfin gora ɗaya tana goga wa jikanta a wuya. Sai bayan la'asar wata mota ta bi ta wurin, ikon Allah.

Don haka kafin na tambayi kowa kyawun wuri, nakan tambayi mota nawa za su fita. Duk tafiyar da za ta kwana nesa da kwalta, motoci biyu nake so, ko da ta biyun ta kaya ce. Safaya biyu, famfo, shebur, da farantan ƙarfen da ake shimfiɗa wa taya in ta nutse a yashi. Wayar tauraron ɗan'adam, kuma a kunna ta a gabana. Ruwan sha lita 5 ga kowane mutum a rana, ban da na girki, da ƙarin kwana ɗaya a ajiye. Direban kirki za ka gan shi ya tsaya ya rage iskar taya kafin ya shiga rairayi, ya mayar in ya fito kan tsakuwa. Kuma ba zai kafa maka tanti a tsakiyar busasshen kwari ba, komai laushin yashinsa, domin ruwan da aka yi a kan tsauni mai nisa yana iya gangarowa da dare alhali samanka garau. Lokaci kuma daga Oktoba zuwa Maris. A Disamba da Janairu daren hamada na iya kaiwa ga ƙanƙara, saboda haka ka tambayi kaurin bargo kamar yadda ka tambayi ruwa.

Macuta a wannan harka ba sa ƙarewa, kuma dabarunsu kusan iri ɗaya ne. Akwai mai shafin intanet cike da hotunan da ya kwaso daga wasu ƙasashe. Ka ce ya turo maka hoton motar da za ka shiga da lambarta, da sunan jagoranka, ka kuma yi magana da jagoran da kansa. In aka fara kwana-kwana, ka san dillali ne, kuma bayan ya cire kamashonsa, abin da ya rage ba zai isa a ɗauko maka gwani ba. Akwai mai neman ka biya duka kuɗin tun kana gida, zuwa asusun wani mutum. Kafin alƙalami ya wadatar, zuwa asusun kamfani, da rasit, sauran in kun haɗu. Kalmar keɓantacciyar tafiya ma a rubuta ma'anarta: mutum nawa a mota, kwana nawa a daji, wurare da sunayensu. Wasu sukan ƙirga ranar saukarka da ranar tashinka, sai kwana huɗu ya koma biyu. Wasu rabin wuni zai tafi a rumfar ɗan'uwansu mai sayar da tsaraba. Yabon da ke ƙarƙashin shafi ma a karanta da lura: in duk an rubuta su cikin mako guda, da kalmomi masu kama da juna, babu mai ambaton sunan wuri, hannu ɗaya ne.

Wanda ya fi ci mini rai shi ne mai watsa ruwa a kan tsohon zane don launinsa ya fito a hoto. Jiƙawa tana cinye fentin da ya yi shekaru dubbai, kuma an riga an lalata zane-zane da dama ta haka. In jagoranka ya ɗauko gora ya nufi bango, ka hana shi nan take. Haka mai miƙo maka bakin kibiya na dutse ko guntun tsohuwar tukunya. Da yawansu jiya aka ƙera su. In kuma na gaske ne, doka ta hana fitar da su, kuma kai za a tsare a filin jirgi.

Ranar tafiya, kada ka ji nauyin kowa. Ka zagaya motar kafin ka ɗora jakarka, ka danna safaya da hannunka, ka ɗaga jarkokin ruwa ɗaya bayan ɗaya ka ji nauyinsu, ka nemi ganin takardar izinin shiga da sunanka a kai. Jagoran da ya san aikinsa ba ya fushi da wannan, na Janet ma shi ya buɗe mini bayan motar kafin na tambaya. In aka ce mota ta biyu za ta same ku a hanya, ka zauna ka jira ta iso.