Shafin HATVP: Inda Ake Duba Dukiyar Ministocin Faransa

Mai son sanin abin da ministan Faransa ya mallaka ranar da ya hau kujera, da abin da ya sauka da shi, shafin hatvp.fr ne wurin farawa. Kyauta ne, ba rajista, ba lambar sirri. Aikinsa yana da kyau, amma yana da giɓi da ya kamata a sani tun kafin a dogara da shi.

Abin kunyar Jérôme Cahuzac ne ya haifar da hukumar da ke da shafin, wato HATVP, hukumar Faransa mai sa ido kan dukiya da alaƙoƙin masu riƙe da muƙaman gwamnati. Cahuzac likitan tiyata ne da ya shiga siyasa, ya wakilci Lot-et-Garonne a majalisar dokoki, ya yi magajin garin Villeneuve-sur-Lot, ya shugabanci kwamitin kuɗi na majalisa daga 2010, sannan a watan Mayun 2012 aka ba shi ministan kasafin kuɗi. Wato shi ne mai farautar masu kauce wa haraji. A Disambar 2012 jaridar Mediapart ta fallasa cewa yana da asusun ɓoye a Suwizalan. Ya tsaya gaban 'yan majalisa ya musanta, ya sauka ranar 19 ga Maris 2013, ranar 2 ga Afrilu kuma ya amsa cewa akwai kimanin Yuro 600,000 a waje. Kotun ɗaukaka ƙara ta yanke masa shekara huɗu a 2018, biyu daga ciki na jingine, da tarar Yuro 300,000. Dokar 11 ga Oktoba 2013 ce ta kafa hukumar.

Amfani da shafin ba wuya. A rubuta sunan minista a akwatin bincike, shafinsa ya buɗe da jerin takardun da ya miƙa, kowace da kwanan watanta. Iri biyu ne. Ta dukiya tana nuna gidaje da filaye tare da shekarar saye, kuɗin saye da ƙimarsu ta yanzu, sai asusun banki, hannun jari, inshorar rai, motoci, kayan da darajarsu ta wuce Yuro 10,000, kadarorin ƙasashen waje da basussuka. Ta biyu ta alaƙoƙi ce: ayyukan da ya yi cikin shekara biyar da suka wuce da abin da aka biya shi, kamfanonin da yake cikin hukumar gudanarwarsu, da sana'ar matarsa ko mijinta. Ga mai nazarin tarihin ɗan siyasa, wannan ta biyun ta fi daɗi, domin a nan ake ganin inda mutum ya ci abinci kafin ya shiga gwamnati. Masu aiki da alƙaluma za su sami bayanan a tsarin CSV da XML, wato fayilolin da manhajar kwamfuta ke iya sarrafawa.

Minista yana da wata biyu bayan naɗi ya miƙa takardunsa, haka ma bayan sauka. Hukumar tana tura ta dukiyar ga ofishin haraji, wanda ke da kwana 30 ya ba da abin da ya sani, sannan a wallafa cikin wata uku. Saboda haka idan aka nemi sabon minista ba a gan shi ba, galibi ba ɓoyewa ba ce, tantancewa ake yi. A 'yan shekarun nan da gwamnatocin Faransa ke saurin faɗuwa, wannan jinkirin ya zama babbar matsala: minista kan iya barin ofis kafin jama'a su ga takardarsa.

Abin da ya ba shafin nauyi shi ne hukuncin da ke bayansa. Ɓoye wani babban kaso na dukiya ko yi mata ƙimar ƙarya na iya jawo ɗaurin shekara uku da tarar Yuro 45,000, kuma an gani a ƙasa. Jean-Paul Delevoye, mai kula da gyaran tsarin fansho, ya sauka a Disambar 2019 saboda muƙaman da bai lissafa ba. Alain Griset, ministan ƙananan masana'antu, ya yi murabus a Disambar 2021 bayan kotu ta same shi da laifin rashin bayyana wani asusun hannun jari. Caroline Cayeux, ministar ƙananan hukumomi, ta tafi a Nuwambar 2022 kan saɓani da hukumar game da ƙimar kadarorinta. Wanda ya san yadda takardun kadarorin jami'an Najeriya ke kwanciya a ofis ba mai ganinsu zai fahimci bambancin.

Sai inda yake gazawa. Takardun duk da Faransanci suke, kuma Faransancin lauyoyi da akantoci, musamman wajen bayanin gidan da aka mallaka tare da 'yan'uwa ko wanda mutum ke da haƙƙin mora kawai. Ƙimar gida mai shi ne ke rubutawa, hukuma ta duba daga baya. Dukiyar da ta zama ta abokin aure shi kaɗai ba ta shiga. Ana kuma shafe adireshi, lambobin asusu da sunayen iyali, wanda daidai ne, sai dai yana hana mai bincike tabbatar da farashi da kansa. Kuskuren da aka fi yi shi ne haɗa jimillar kadarori a manta da sashen basussuka da ke ƙasa, ko a karanta takardar farko alhali akwai ta gyara da ta biyo baya.

'Yan majalisa kuwa ba a sa takardar dukiyarsu a intanet. Sai wanda ya yi rajistar zaɓe ya je ofishin gwamnan yanki ya karanta, kuma yaɗa abin da ya gani laifi ne mai tara. Don haka ministan da ya koma majalisa, layin bin dukiyarsa ya yanke.

Mafi ciwo, shafin ba rumbun tarihi ba ne. Ana sauke takardun minista 'yan watanni bayan ya bar muƙami. Duk takardar da ake buƙata a sauke PDF ɗinta nan take, a rubuta ranar da aka miƙa ta a sunan fayil. Don tarihin naɗe-naɗe da kujerun majalisa na shekarun baya sai a haɗa da Légifrance, shafin dokoki da sanarwar gwamnatin Faransa, da kundin Sycomore na majalisar dokoki mai jerin 'yan majalisa.