The Cat Concerto: Tom na kiɗa, Jerry na neman barci

Cikin katun ɗin Tom da Jerry, wannan kashin na 1947 ya fita daban, domin babu guje-guje a kicin, babu fasa kwanuka. Minti 7 ne da ɗoriya, kuma duk rigimar a jikin piyano ɗaya take. William Hanna da Joseph Barbera ne suka ba da umarni a kamfanin MGM, kuma ya ci kyautar Oscar.

Tom ya fito gaban 'yan kallo cikin baƙar kwat, ya rusuna, ya fara kaɗa Hungarian Rhapsody mai lamba 2 ta Franz Liszt. Ashe Jerry na barci a cikin piyanon, a kan 'yan gudumomin nan masu taushin kai da ke bugun wayoyi idan an danna maɓalli. Suka yi ta wurgi da shi har ya farka.

Sirrin dariyar doka ɗaya ce: kiɗa ba zai tsaya ba, ko ana ha-maza-ha-mata. Jerry ya rufe murfin a kan yatsun Tom, yatsu suka baje, amma aka ci gaba. Ya zare maɓallai ya ɗana tarko a gurbinsu. Tom ya yi ta zagaye tarkon yana danna na gefe, mai kallo na jira, sai can yatsa ya faɗa. Wannan jinkirin shi ne gwanintar. Da tarkon ya kama shi nan take, da rabin dariyar ta tafi. Akwai inda Tom ya hau kan piyanon yana laluben ɓera, ƙafafunsa na kiɗa a madadin hannu. Kowane duka a kan sautinsa yake sauka, ga shi da hannu aka yi zanen, a fim mai tafiya hoto 24 kowace daƙiƙa. Kuskuren 'yan hotuna kaɗan ya isa ya raba duka da sauti.

A ƙarshe Jerry ya ɓalle gudumomi biyu yana bugun wayoyin da kansa daga ciki. Duk sa'ad da Tom ya zaci an gama, sai a sake ɗauko ƙarshen kiɗan da ƙarin sauri, har kwat ta yage ya zube, Jerry ya karɓe tafi.

Aibin katun ɗin biyu. Farkonsa na tafiya a hankali, yaro ɗan shekara 3 ko 4 zai iya juya kai kafin Jerry ya bayyana. Na biyu, wurin da Jerry ke ƙoƙarin datse yatsan Tom da almakashi. Bai same shi ba, amma abu ne da yaro zai iya gwadawa a kan ƙaninsa, don haka babba ya zauna kusa. Dama don sinima aka yi shi, ba don ƙanana kaɗai ba.

Wajen kallo, a guji kwafen intanet da aka ƙara wa sauri ko aka yanke gefensu, domin hoton asali 4:3 ne (faɗi kashi 4, tsayi kashi 3), kuma idan sauti ya goce daga hoto ko da kaɗan, komai ya lalace. Lasifikar waya ma takan haɗiye sautuka masu kauri; a talabijin ya fi armashi.