Tsofaffin finafinan tseren jiragen ruwa: wanne ya cancanci kuɗinka?

Idan tseren jiragen ruwa kaɗai kake nema, kada ka yi gaggawar zaro kuɗi. Tun ranar 30 ga Maris 1895 Birt Acres, ɗaya daga cikin masu ɗaukar fim na farko a Birtaniya, ya ɗauki tseren kwale-kwale na jami'o'in Oxford da Cambridge, amma irin waɗannan finafinai marasa sauti gajeru ne ƙwarai, kafin ka gyara zama sun ƙare. Ɗakin Karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sa wasu a intanet kyauta, har da na kamfanin Edison daga gasar Kofin Amurka ta 1899, inda jiragen Columbia da Shamrock suka kara. Hoton dishi-dishi ne, domin da yawansu daga kwafin hotunansu da aka buga a kan takarda aka farfaɗo da su.

Kuɗi sai a kan faifan DVD na tsofaffin finafinan da aka gyara, ko da yake ba na tsere ba ne, kuma a nan zaɓi biyu ne.

Na 'yan'uwan Lumière, Faransawan da ke cikin waɗanda suka fara harkar sinima, ya fi kyawun hoto. Cibiyarsu da ke Lyon a Faransa ta tara finafinai 108 a faifai guda, kowanne kusan daƙiƙa 50: masu wanka a teku, masu karta, kwale-kwale yana fita daga tasha. Bayanin da ke ciki da Faransanci ne, don haka ka duba ko akwai fassara.

Ni dai na Mitchell da Kenyon, masu ɗaukar fim na Ingila, zan fara saya. A 1994 aka tsinci naɗin finafinansu kusan 800 cikin ganguna a ƙarƙashin wani shago a Blackburn, hukumar finafinai ta Birtaniya (BFI) ta gyara su. Talakawan arewacin Ingila ne na farkon shekarun 1900: ma'aikata suna tashi daga masana'anta, 'yan kallon ƙwallo, masu shan iska a bakin teku, yara suna turereniya gaban kyamara. Da gangan ake ɗaukar fuskoki da yawa, don kowa ya biya kuɗi ya zo ya ga kansa. Faifansu mai suna Electric Edwardians ya isa mai farawa.

Kafin ka biya, duba lambar yanki, wato lambar da ke nuna na'urorin wane ɓangaren duniya ne ke iya kunna faifan. Faifan Birtaniya yanki na 2 ne, Najeriya kuwa tana na 5, sai na'urar da ke karɓar kowane faifai.

Waɗanda aka shafa wa launi da kwamfuta a YouTube kuwa, launin ƙage ne. In ka ga mutane suna sauri kamar an koro su, an kunna fim ɗin fiye da gudun da aka ɗauke shi, wanda galibi hotuna 16 zuwa 18 ne a daƙiƙa.