Sharhi kan shagon da ya cire mini tayar injin kwashe dusar ƙanƙara

Hunturun 2022 zuwa 2023, wanda dusar ƙanƙarar da ta sauka a birnin Minneapolis na Amurka ta haura inci 90, shi ne ya tilasta mini sayen injin kwashe ƙanƙara na hannu, kuma bai taɓa ba ni matsala ba sai bana da tayar hagu ta sace. Na ɗauka aikin minti goma ne, domin fil guda ɗaya ne kawai ke riƙe da tayar a jikin sandar ƙarfen da take juyawa a kai. Na zuƙe fetur ɗin, na kifa injin a kan bakinsa, na zare fil ɗin, amma tayar ta ce sam. Gishirin da ake watsa wa tituna ya riga ya shiga tsakanin wilin da sandar, tsatsa ta haɗe su sun zama abu guda.

Kwana biyu ina fesa man sassauta tsatsa safe da yamma, har man birki na zuba, kamar yadda na ga bakanikai suna yi a Panteka ta Kaduna, duk a banza. Da haƙurina ya ƙare na ɗauko guduma na shiga dukan kan sandar, wanda shi ne babban kuskuren da na tafka, don kan ya baje kamar na tsohuwar ƙusa, ta yadda ko tsatsar ta saki, tayar ba ta da hanyar fita. A nan ne na kira wani shagon gyaran ƙananan injuna da ke kusa da unguwarmu.

Dattijon da ya yi aikin ya cancanci yabo, kuma na tsaya a kansa na gani da idona. Bai yi mini faɗa ba, ya dai shafa kan sandar da babban yatsansa, ya dube ni ya yi murmushi. Ya fara goge bajewar da zarto har kan ya koma daidai, sannan ya naɗe robar tayar da jiƙaƙƙen tsumma, ya hura wuta a cibiyar wilin kaɗai domin ƙarfen ya buɗe. Daga nan ya maƙala wani ƙarfe mai farce uku a bayan wilin, yana ɗaure notinsa kaɗan-kaɗan yana saurarawa, har muka ji ƙara ƙas, tayar ta taho da jar ƙura tana zuba a ƙasa. Ya bi sandar da samfefa har ta yi ƙyalli, ya shafe ta da giris mai hana tsatsa, ya sa wa tayar tiyub. A lokacin da a ce an tambaye ni, tauraro biyar zan ba su ba tare da na yi tunani ba.

Sai dai kafin a kai ga wannan ranar na sha wuya. Kwana uku suka ce mini, injin ya yi kwana tara a wurinsu ba a taɓa shi ba, kuma kowane kira amsa ɗaya ce, wai layi ya yi tsawo. A tsakanin nan dusa ta sauka sau biyu, ga dokar birni ta ce mai gida ya share hanyar masu tafiya a ƙasa da ke gaban gidansa cikin awa 24 bayan ta tsaya, don haka da shebur na yi ta fama, bayana yana ciwo. Kuɗin ɗauko injin da dawo da shi ma ba wanda ya ambata mini sai da na gan shi a rasit.

Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne tayar dama. Injin yana kife a gabansu, giris yana buɗe a kan teburi, amma ba su ko gwada zare ta ba. Da na dawo gida na cire fil ɗinta na ja, na tarar ita ma ta kafe daram, kuma da na kira sai aka ce mini wannan sabon aiki ne da sabon caji. Saboda haka tauraro uku na ba su, ukun kuma duk na dattijon ne. Tayar dama ina nan ina fesa mata mai, gudumar kuwa na mayar da ita can ƙasan akwati.