Hattara da masu kashe fitilar jakar iska su ce sun gyara mota

Jama'a, ina so in ja hankalin duk mai mota, da duk mai shirin sayen motar hannu, a kan wata cuta da aka yi mini. Na daɗe ina juya maganar a raina kafin in rubuta. Kuɗin da aka karɓe mini ba su ne suka dame ni ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne an mayar mini da mota babu kariya, na yi wata bakwai ina hawa manyan tituna da ita, da iyalina a ciki, ban sani ba.

Wata safiya na tayar da mota, sai fitilar jakar iska ta ƙi mutuwa. Ita ce 'yar jar fitilar nan ta dashbod mai hoton mutum a zaune da wani ƙwallo a gabansa, a wasu motocin kuma haruffan SRS kawai za ka gani. Makanikai iyabag suke ce wa jakar, wato wadda ke kumbura nan take ta tare mutum lokacin karo. Motar kuwa lafiya lau take tafiya, birki ƙalau, inji ƙalau. Na kai ta wurin wani mai wayarin mota da aka yi mini kwatancensa, aka ce hannunsa na da kyau. Bai jona na'ura ba, bai tambaye ni yaushe abin ya fara ba. Leƙa dashbod kawai ya yi, ya ce, "Yallaɓai, wannan ai ƙaramin aiki ne, sansa ce ta rikice. Ka ɗan zaga, nan da rabin awa ka dawo." Na dawo na tarar fitila ta mutu. Na biya, har da godiya.

Bayan wata bakwai oda ta fara yi mini gardama, in na murɗa sitiyari gefe ɗaya ta yi, in na miƙe shi ta ƙi. Maɓallan rediyo da ke jikin sitiyarin su ma suka daina aiki. Wannan karon wurin wani dattijo na je. Ya cire kan batir, ya zauna ya jira wasu mintoci, sannan ya kwance murfin da ke ƙarƙashin sitiyari. Sai na ga ya yi shiru. Can ya ce, "Malam, zo ka gani da idonka."

Soket ne ruwan ɗorawa, an zare shi daga mazauninsa. A bakinsa an cusa wata 'yar rezista, wato ɗan kayan lantarki mai rage gudun wuta, tsawonta bai kai rabin tsinken ashana ba, an lanƙwasa ƙafafunta biyu cikin ramukan, an naɗe da baƙin salatif har ya fara narkewa yana danƙo. Ɗaya ɓangaren, wanda ya kamata ya kai wuta ga jakar da ke gaban ƙirjina, yana nan yana lilo, ba a jone da komai ba. Dattijon ya ce, "Da ka yi karo a watannin nan, sitiyari za ka daka da ƙirji. Allah ne Ya tsare."

Ga yadda dabarar take, don wanda ya fahimce ta ba za a yi masa ita cikin sauƙi ba. Jakar iska tana da kwamfutarta ta musamman, daban da ta inji. Duk lokacin da ka murɗa makulli, kwamfutar nan tana tura 'yar wuta kaɗan ta bi wayar kowace jaka da kowane bel, ta auna ko hanyar a haɗe take. Abin da ke tayar da jakar ɗan siririn zare ne da ke kunna sinadari, kuma turjiyarsa ga wuta, wadda ake aunawa da ma'aunin om, ba ta wuce om 2 zuwa 3 ba. In kwamfutar ta auna ta ji daidai, sai ta kashe fitila. In waya ta tsinke ko soket ya saki, sai ta bar fitilar a kunne ta ajiye lambar matsalar a cikinta. Kwamfutar ba ta da ido. Duk abin da ya ba ta wannan awon, a wurinta jaka ce. Shi ya sa rezistar da ba ta da wata daraja take iya tsayawa a madadin jaka guda, fitila ta mutu, mai mota ya tafi hankali kwance.

Ni asalin matsalar motata wata siririyar waya ce mai faɗi kamar kaset, a naɗe a bayan sitiyari, wadda ke warwarewa tana naɗuwa duk lokacin da ka juya. Ita ke kai wuta ga jakar direba da oda da maɓallan sitiyari. Da shekaru takan gaji ta fara tsinkewa layi-layi. Layin jakar ne ya fara tsinkewa, fitila ta faɗa mini gaskiya, aka toshe mata baki. Gyaran gaskiya shi ne a sauya wannan naɗaɗɗiyar waya, kuma aiki ne da bai fi awa ɗaya ba ga wanda ya iya.

Abin da ya fi ba ni haushi ke nan: yawancin dalilan da ke kunna fitilar nan ba su da wuyar gyara. Sau da yawa soket ɗin ƙarƙashin kujera ne ya saki saboda yawan ja gaba da baya, ko an tura kaya ƙarƙashinta sun taɓa waya. Wani lokacin batir ne ya yi sanyi, kwamfutar ta ga wuta ta ragu ta ajiye lamba. Akwai sansar da ke cikin kujerar fasinja mai gane ko da mutum a zaune, akwai sansar karo a gaba bayan bamba da ruwa ko tsatsa kan ci, akwai kuma ita kanta kwamfutar, wadda galibi take ƙasa tsakanin kujerun gaba, inda ruwa in ya shiga mota ya kwanta ƙarƙashin kafet yake riskarta. Kowanne da lambarsa. Mai gaskiya na'ura yake fara jonawa a soket mai rami 16 da ke ƙarƙashin dashbod, ya karanta lamba, sannan ya taɓa sukundireba. Ka kuma sani, ƙananan na'urorin nan masu araha mafi yawansu lambobin inji kaɗai suke gani. In wani ya jona irinta ya ce maka "babu komai", bai ma shiga kwamfutar jakar iska ba.

Dattijon nan ya ba ni labarin ire-iren rufa-rufar da ya sha tararwa, musamman a motocin da suka taɓa haɗari aka yi musu kwaskwarima don a sayar. Mafi sauƙi a zare kwan fitilar, ko a liƙe ta da baƙin salatif ta ciki, ko a shafe ta da fenti. Masu ɗan wayo sun san mai saye zai iya lura fitila ba ta kamawa sam, sai su jona ta da fitilar man inji ko ta batir, ta kama tare da su ta mutu tare da su. Mafi muni su ne waɗanda jakar ta riga ta fashe: a yanke yadin, a cusa tsumma ko soso a ramin, a rufe da sabon marfi mai tambarin kamfani yana ƙyalli, a sa rezista, a goge bayanin haɗarin daga kwamfuta. Mota ta fito fes kamar ba ta taɓa ko ƙwarzane ba. Kura da fatar akuya.

Gwajin farko ba ya buƙatar ko sisi. Ka murɗa makulli zuwa inda fitilun dashbod ke kamawa, amma kada ka tayar da inji. A motar da ake danna maɓalli, ka danna ba tare da taka birki ba har fitilun su kama. Ka zuba wa ta jakar iska ido. Dole ta kama, ta yi 'yan daƙiƙoƙi, kamar shida ko bakwai a motoci da yawa, sannan ta mutu da kanta, alhali ta man inji da ta batir suna nan a kunne. In ba ta kama ba sam, an taɓa ta. In ta tsaya sai da ka tayar da inji ta mutu lokaci ɗaya da ta mai, ka zargi jonin ha'inci. Dillali zai ce maka, "Ai haka wannan samfurin yake." Ka ce ya buɗe littafin motar ya nuna maka.

Sai dai kada in yaudare ku, wannan gwajin bai isa ba. Da an yi wa motata shi, da ta tsallake, domin rezista tana ruɗar kwamfutar kanta, fitila ta kama ta mutu daidai ƙa'ida, har na'ura mai kyau ma tana iya cewa lafiya. Irin wannan sai ido da hannu. Ka dubi marfin tsakiyar sitiyari, launinsa ya yi daidai da sauran, ko ya fi su sabunta? Ka shafa dashbod ta gefen fasinja, ko an lulluɓe shi da sabuwar fata, ko akwai alamar gam a gefe. Ka dubi ɗinkin gefen kujeru da rufin ciki kusa da ƙofofi. Ka ja kowane bel ka sake shi: a cikinsa akwai abin da ke fizge shi ya ɗaure mutum lokacin karo, sau ɗaya yake aiki, kuma bel ɗin da ya taɓa fizga yakan maƙale ko ya ƙi komawa. In ka ga sabon gilashin gaba da sabon fenti a bonet, ga bel yana gardama, kada ka biya sai wanda ka yarda da shi ya buɗe ya leƙa.

Kada kuma ka buɗe da kanka. Wayoyi da soket masu launin ruwan ɗorawa alama ce ta layin jakar iska. Kwamfutar tana riƙe wuta ko bayan an cire batir, don ta iya aiki in karo ya tsinke waya, shi ya sa ake jira. Littattafan Toyota da yawa sun ce daƙiƙa 90, na Honda minti 3. Ba a kuma ɗora mitar awon wuta a kan jakar kanta. Abu ne da ke buɗewa cikin ƙasa da kashi ɗaya bisa 20 na daƙiƙa. In ya tashi fuskarka na kusa, ba sauran magana.

Akwai wani reshen damfarar da ya fi wannan haɗari, wato jabun jakunkuna. Wanda bai sa komai ba ya bar ka babu kariya, wanda ya sa jabu kuwa ya ajiye maka abin da zai iya kashe ka. A Oktoban 2012 hukumar kula da lafiyar hanyoyi ta Amurka, NHTSA, ta fitar da gargaɗi a kan jabun jakunkuna masu ɗauke da tambarin manyan kamfanoni. A gwajinta wasu sun ƙi buɗewa, wasu sun watso gutsattsarin ƙarfe. A Yulin 2024 ta sake wani gargaɗin, ta ce mutum uku sun mutu, biyu sun ji munanan raunuka, sanadin irin waɗannan kayan marasa inganci, kuma motocin duk sun taɓa haɗari aka sauya musu jaka. Ana tallan su a intanet da hoto mai kyau da farashi mai daɗi. Cinikin biri a sama ne, ba ka da hanyar gwadawa sai ranar da ranka ya rataya a kanta.

Ko wadda aka ciro daga matacciyar mota aka ce maka "ta asali ce", ka yi taka-tsantsan. Kamfanin Takata na Japan ya yi shekaru yana sa sinadarin amoniyam naitiret a jakunkunansa, wanda zafi da danshi ke lalatawa har ya tarwatsa gwangwanin ƙarfen da yake ciki. An yi kiranyen jakunkuna kusan miliyan 67 a Amurka kaɗai, wato an nemi masu motocin su kawo a sauya musu, mutum sama da 20 sun mutu a can, kamfanin ya durƙushe a 2017. Motocin Honda, Toyota, Nissan, Ford, BMW da wasu da dama abin ya shafa. Waɗannan motocin suna tsufa suna mutuwa, ana kwance kayansu ana sayarwa. Mai sayarwa ba zai ce maka daga cikinsu ya ciro ba, wataƙila shi ma bai sani ba. Lambar shasin motarka mai harafi da lamba 17 tana jikin dashbod ta gefen direba, ana hango ta ta gilashi. Da ita ake duba ko kiranye ya shafe ta a shafin kamfanin da ya ƙera ta.

Ni yanzu in na kai gyaran wannan fitila, sharuɗɗana ba sa canzawa. A nuna mini lambar matsalar a fuskar na'ura kafin a taɓa komai, in ɗauki hotonta. A gaya mini sunan abin da ya lalace. A miƙo mini tsohon a hannu bayan an sauya. Kuma ina tsaye ake yi. Mai gaskiya ba ya jin haushin wannan, dattijon nan ma shi ya kira ni in gani tun ban tambaya ba. Wanda ya fara "ka ɗan zaga ka dawo", ko ya ce "za mu yi mata dabara", ɗauki makullinka. Kuma in kuɗin gyaran bai samu ba yanzu, gara ka bar fitilar a kunne. Tana kunne ka san halin da kake ciki, ka ɗaura bel, ka rage gudu, ka nemi kuɗin. Wanda zai hau motar bayanka shi ma ya gani.

Na koma wurin mutumin farko da rezistar a tafin hannuna, da guntun salatif ɗinsa. Ban je faɗa ba, so nake in ji ko ya san nauyin abin da ya yi. Ya karɓa ya juya ta, ya miƙo mini, ya ce, "Yallaɓai, ai fitila ka kawo, kuma ta mutu. Kowa haka muke yi masa." Na ce da yarana nake hawa motar. Ya ce Allah ne ke tsarewa, ya juya ya ci gaba da aikinsa. A lokacin akwai motoci uku a layi suna jiransa, ɗaya an riga an kwance mata murfin sitiyari, mai ita ba ya wurin.